Sanarwa kan zuwa wajen masaƙan Bonwire

Salam ƴan uwa, barkanmu da yamma. Masu tafiya Kumasi a saurara don Allah, an ƙara abu ɗaya a tsarin, za mu ware yini guda mu je Bonwire, garin masaƙan kente, wato zanen gargajiyar ƙabilar Asante ta Ghana, daga Kumasi ba nisa, ko awa ɗaya ba a yi a mota.

Ba kallo kawai za mu je yi ba fa, zama za a yi a kan masaƙa a koya. Wanda ya taɓa ganin saƙar gargajiya ta Kano ba zai ji baƙunta ba, ƙoshiya ce dai da allira, igiyar a maƙale tsakanin yatsun ƙafa kana takawa kana jefa zare, ƙyallen na fitowa siriri faɗinsa kamar inci 4, daga baya a haɗa su a ɗinke ya zama zane. Inda aikin yake shi ne adon, da hannu ake tsintar zaren ɗaya bayan ɗaya, kuma kowane ado da sunansa da ma'anarsa a wajen Asante, shi ya sa UNESCO ta sa kente cikin kayan gadon duniya a 2024.

Maza ne suka fi yin saƙar a can, amma Hajiyoyinmu ku ma ku gwada in an ba da dama.

Roƙona, kar a ɗauki hoton kowa sai an tambaya, kuma kar a taya musu kaya taya irin ta wulaƙanci, wani zanen makonni yake ci. Kowa ya riƙe sidi, kuɗin Ghana, a hannu. Mai zuwa ya rubuta sunansa a nan kafin Juma'a don a san girman motar da za a ɗauka.