Kirkuk: Sashe Na 140 Ne Tushen Rigimar

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon a ba ni ɗan fili a wannan jarida mai farin jini domin in tofa albarkacin bakina kan artabun da ke ɓarkewa jefi-jefi tsakanin dakarun Kurdawa, waɗanda ake kira Peshmerga, da sojojin gwamnatin Iraƙi a yankin Kirkuk da ke arewacin ƙasar. Abin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne wata muhawara da ta kaure a majalisarmu ta bayan sallar isha'i a Fagge, inda wani dattijo, rediyonsa a kan cinya, ya yanke hukuncin cewa faɗan Sunna da Shi'a ne kawai. Na yi shiru don ganin girman furfurarsa, amma maganar ta tsaya mini a rai, domin akasarin Kurdawa Ahlussunna ne, haka ma mafi yawan Larabawan Kirkuk, kuma Salahuddin Ayyubi da malamanmu ke yawan ambato Bakurde ne.

Rigimar ta ƙasa ce da arzikin da ke ƙarƙashinta. Tun shekarar 1927 aka gano man fetur a Baba Gurgur da ke gefen birnin Kirkuk, birnin da Kurdawa da Larabawa da Turkumawa kowa ke cewa gidan kakanninsa ne. A zamanin Saddam Husaini an kori dubban Kurdawa da Turkumawa daga gidajensu da gonakinsu, aka kwaso Larabawa daga wasu sassan ƙasar aka zaunar da su. Bayan faɗuwarsa, tsarin mulkin 2005 ya tanadi sashe na 140, wanda ya ce a mayar da waɗanda aka kora, a yi ƙidayar jama'a, sannan a kaɗa ƙuri'ar raba gardama kafin ƙarshen 2007, mutanen yankin su zaɓi ko dai zama ƙarƙashin Bagadaza ko kuma shiga yankin Kurdistan mai cin gashin kansa. Wa'adin ya zo ya wuce ba a kaɗa ƙuri'ar ba, kuma har yau ba a kaɗa ba.

A watan Yunin 2014, da mayaƙan Da'esh suka kama Mosul, sojojin Iraƙi suka ranta a na kare, sai Peshmerga suka shiga Kirkuk suka riƙe ta fiye da shekara uku. Daga nan ne Mas'ud Barzani, shugaban yankin Kurdistan na lokacin, ya ga kamar ta faɗi gasassa, ya shirya ƙuri'ar ɓallewar Kurdistan daga Iraƙi ranar 25 ga Satumban 2017, har da Kirkuk a ciki, duk da gargaɗin Turkiyya da Iran da Amurka. Sama da kashi 90 cikin ɗari suka amince. Ranar 16 ga Oktoba, Firaminista Haidar al-Abadi ya tura sojoji tare da mayaƙan sa-kai na Hashd al-Sha'abi da ke mara wa gwamnati baya, suka karɓe birnin da rijiyoyin mansa cikin ɗan ƙanƙanin lokaci, domin bangon ya riga ya tsage daga ciki: wani ɓangare na jam'iyyar Kurdawa ta PUK, wadda jagoranta Jalal Talabani ya rasu makonni biyu kafin nan, ya janye dakarunsa. An gwabza a garin Altun Kupri da ke kusa da Kirkuk bayan kwana huɗu, dubban iyalai suka tsere zuwa Irbil da Sulaimaniyya da ke yankin Kurdistan, shi kuwa Barzani ya sauka daga kujerarsa.

A ganina Barzani ya yi azarɓaɓi, amma babban laifin na gwamnatocin Bagadaza ne da suka yi ta jan ƙafa kan abin da tsarin mulkinsu ya wajabta. Ko ƙidayar da aka yi a Nuwamban 2024 ba ta tambayi ƙabilar kowa ba, saboda fargabar abin da lissafin zai tono a Kirkuk. Mu da rabonmu da ƙidaya tun 2006, wannan fargaba ba baƙuwa ba ce a wurinmu.

Roƙona ga wannan jarida shi ne, duk sa'ad da za a kawo labarin wani sabon artabu a Kirkuk ko Makhmur, wani yankin da shi ma ake taƙaddama a kansa, a riƙa haɗawa da ɗan bayani kan sashe na 140, ko da layi uku ne, domin ni kaina ina da niyyar kai wa dattijon majalisarmu wannan shafi ya karanta da idonsa.

Naku,
Mai karatu daga Fagge, Kano