Laisin ɗin da muke saya wa kaji, muke hana 'ya'yanmu

Ya Edita,

Assalamu alaikum. Ka ba ni ɗan fili in yi magana da 'yan'uwana manoma, tun kafin a gama sussukar waken bana a loda shi a mota a nufi Dawanau.

Ni mai kiwon kaji ne a wani ƙauye na ƙasar Ringim, kuma da hannuna nake haɗa musu abinci: masara, dusa, soyayyen waken suya, garin ƙashi da gishiri, sai wani farin gari iri biyu da nake sayowa a Kano, laisin da metiyonin. Abin da nake zubawa a buhu guda bai wuce cikin tafin hannu ba. Wata shekara na ce bari in rage kashe kuɗi, na daina sa su. Kaji suna ci, amma girma ya tsaya, ƙwai ya ragu. Malamin dabbobin da ya zo dubawa ne ya zaunar da ni gindin darbejiya ya yi mini bayanin da har yau bai bar zuciyata ba.

Ya ce furotin, abin da ake gina tsoka da jini da gashi da farce da shi, kamar carbi yake. 'Ya'yan carbin su ne amino asid, iri 20, kuma kowane furotin da yadda ake jera nasa. Idan ka ci abinci, ciki ya tsinka carbin, 'ya'yan su shiga jini, jiki ya sake shirya su yadda yake buƙata. Guda 11 jikin ɗan Adam yana ƙera su da kansa, amma 9 dole sai daga abinci, kuma laisin da metiyonin suna cikin taran nan. Idan ɗaya ya yi ƙaranci, aiki a kansa yake tsayawa, ko da sauran sun yi tuli. Don ka san girman abin, Edita, ciwon sikila da ke wahalar da gidajenmu ɗan carbi guda tak ne ya sauya a furotin ɗin jan jini.

Gero da dawa da masara, abincinmu na kullum, duk laisin ɗinsu kaɗan ne, masara ma har da ƙarancin wani mai suna tiriptofan. Wake kuwa yana da laisin sosai, metiyonin ne ya gaza, shi kuma akwai shi a hatsi. Kakanninmu ba su san waɗannan sunaye ba, amma suna dafa dawa da wake a tukunya ɗaya, suna dama fura da nono, ba sa kaɗa miya babu daddawa. Mu ne muka raba abin da suka haɗa.

Abin da ya sa na ɗauki biro shi ne ɗan ƙanena. An yaye shi yana wata 16 saboda uwarsa ta samu ciki. Da safe koko da sukari, da dare tuwo da miyar kuka. Ƙafafunsa suka kumbura, kumatu suka cika, gashinsa ya yi ja ya yi laushi. Wasu na cewa ƙiba ce, wasu na cewa shan nonon ciki ne. Da muka kai shi asibiti aka ce tamowa ce. Tun a 1935 wata likita, Cicely Williams, ta rubuta wannan ciwo a ƙasar Gana da sunan da mutanen can suke kiran sa, kwashiyoko, wato ciwon yaron da zuwan ƙaninsa ya ture, kuma yaran da ta gani kunun masara zalla ake ba su. Yaronmu ya warke, alhamdu lillahi. Amma a kakar shekarar ubansa ya sayar da wake buhu takwas, bai bar ko kwano ɗaya a gida ba. Ni kuma a lokacin ina auna wa kaji laisin. Wannan abu yana ci mini rai.

Najeriya ce ta fi kowace ƙasa noman wake a duniya. Na san bashin taki ne yake sa mu sayarwa, ni ma manomi ne, amma kwano goma ba su ne za su biya bashin ba. Akwai kuma masarar da aka inganta laisin da tiriptofan ɗinta, Obatanpa, wadda Gana ta fitar a 1992, cibiyar binciken noma ta Samaru kuma ta fitar da ita da sunan SAMMAZ 14. Ina roƙon malaman gona su kawo mana irinta ƙauye.

Bana na ɗaure buhun wake ɗaya da na waken suya ɗaya na ce ba na sayarwa ba ne. Maiɗakina tana soya gero mudu shida, waken suya uku, gyaɗa ɗaya, a niƙa, ta dama wa yara kullum, har matan maƙwabta sun fara zuwa koyo. Don Allah, Edita, ka sa wakilinka ya nemi likitan yara ya yi wa iyaye wannan bayani da Hausa kafin kasuwar wake ta buɗe.

Naka,
Mai kiwon kaji, ƙasar Ringim, Jihar Jigawa