A Legas yaranmu suna rasa sunayensu kafin su rasa lafiyarsu

Zuwa ga Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon ka ba ni fili a jaridarka in yi magana da iyayen da ke Arewa, da kuma manyanmu da ke nan Ikko. Ni mai shayi ne a Agege, na haura shekara 20 a bakin wannan tebur, kuma abin da zan faɗa a gidana ya faru.

Ɗan yayata ne ya zo daga ƙauyenmu na ƙasar Ringim. A gida kowa ya san shi. Yana da izu 40 a ka, shi ke kiran sallar asuba idan ladan ya yi tafiya, tsofaffi kuwa da sunan kakansa suke kiransa saboda sunan ya ci. Ya hau bayan tirelar shanu ya sauka a Oko-Oba, ya kwana uku a wurina, sai abokansa suka ja shi Apapa, wai can acaɓa ta fi kuɗi. Ya karɓi babur na biya a hankali. Tun daga ranar sunansa ya koma Aboki. Wasu su ce Malam, wasu su yi masa tsawa kawai su nuna inda za a kai su. Na san da yawa ba da mugunta suke faɗa ba, a bakin maƙwabtana ma nakan ji shi cikin raha. Amma yaron da ya tashi ana tambayarsa ya mahaifiyarka, ya karatu, yanzu sai ya yi wata shida babu wanda ya kira shi da sunan da aka raɗa masa, in ban da waɗanda suke kwana tare a kan kwali cikin wani kango. Su ma kowa da abin da ya dame shi. Zama da maɗaukin kanwa shi ke kawo farin kai: a nan aka koya masa cewa tiramadol na sa mutum ya yini a kan babur bai ji bayansa ba.

Ranar 1 ga Yuni 2022 dokar hana acaɓa ta fara aiki a ƙananan hukumomi shida, ciki har da Apapa, Ikeja da Surulere, daga baya aka ƙara da su Mushin da Oshodi. Ba dokar na zo yi wa gardama ba. Ya ci gaba da fita a ɓoye saboda bashin da ke wuyansa, aka kama babur ɗin, baburan da aka kama kuwa murƙushe su ake yi. Ya dawo wurina da leda ɗaya a hannu.

Nan ne na yi kuskuren da ya sa nake wannan wasiƙa. Yaro ya daina ci sai an matsa masa, ya daina wanka, idan an yi masa magana sai ya kalli ƙasa. Ni kuma abin da nake ce masa kullum shi ne ka yi haƙuri, kai namiji ne, ka ƙara tawakkali. Na ɗauka babur ne ya dame shi, kuma babur ana sake saya. Ban gane cewa an riga an sa masa rana a gida ba, mahaifiyarsa ta gaya wa kowa ɗanta yana Ikko yana tara kuɗin lefe. Duk Juma'a ta kira, ya ce lafiya lau, kasuwa sai godiya. Ya ajiye wayar ya juya wa bango fuska. Komawa gida hannu rabbana ta fi ƙarfinsa, zama a nan kuma ba shi da abin da zai ce shi ne. Mahaddaci ne da babu mai saurarensa, ɗan acaɓa ne da babu babur.

Wadda ta fara ganewa mai gidan da nake haya ce, wata dattijuwa Bayarabiya da ke tashi ƙarfe uku na dare don ta ɗora wake. Ta ce min dare huɗu ke nan tana samunsa zaune a bakin rijiya har gari ya waye. Ta tambaye ni sunansa na gaskiya, ta dinga maimaitawa har bakinta ya iya, daga nan ba ta sake kiransa da wani abu ba. Ita ce ta ce in kai shi asibiti.

Da na faɗa a majalisa, sai aka yi caa a kaina. Wannan ya ce iska ce, wancan ya ce sammu ne daga gida, wani ya ce so kake a kai shi Yaba a ce ɗan'uwanka ya haukace? Asibitin masu taɓin hankali na Yaba yana nan tun 1907, amma mu sunansa kawai muke ji mu tsorata, kamar wanda ya shiga ba ya fitowa. Mun yi ruƙiyya, mun yi rubutu ya sha, ban raina ko ɗaya ba. Sannan muka je wurin likita. Ni na yi tafinta, domin yaron bai iya Turanci ko Yarabanci ba, kuma na ga yana haɗiye wasu maganganu saboda kunyar kawunsa. Likitan ya ce ciwon damuwa ne, ga kuma ƙwayar da ya saba da ita. Ya rubuta magani. Amma tambayoyin da ya fi daɗewa a kansu sun ba ni mamaki: da wa yake cin abinci, ina yake kwana, me ya iya wanda mutane ke girmama shi a kai.

Shi ne ya ba ni labarin Farfesa Thomas Adeoye Lambo, wanda a 1954 ya fara wani tsari a Aro, kusa da Abeokuta. Maimakon a kulle marasa lafiya, sai a sauke su a ƙauyukan da ke kewaye da asibitin, kowa da ɗan'uwansa mai jinya, su ci su kwana cikin jama'a, su je karɓar magani da rana. Har masu maganin gargajiya ya jawo cikin aikin. Mutumin nan daga baya ya zama mataimakin shugaban Hukumar Lafiya ta Duniya. Ina saurare ina tuna zauren gidanmu, inda ba a barin mutum ya ci abinci shi kaɗai.

Da muka dawo na je wurin limamin unguwarmu na gaya masa komai ban ɓoye ba. Ya ba yaron allon yara bayan magariba, su tara, 'ya'yan mahauta da direbobi, har da nawa biyu. Su ma waɗannan yaran abin dubawa ne, a nan aka haife su, Yarabanci ya fi zama a bakinsu, a makaranta a ce musu Aboki, in sun je gida da salla a ce musu 'yan Ikko. Makon farko da ƙyar muryarsa ke fita. Wata rana ina zuba wa wani shayi na jiyo wata yarinya ta ce, Malam, na iya, a wanke min. Kalmar da ake jefa masa a kan titi ce, amma na ga yadda ya ɗago kai.

Roƙona ga sarakunan Hausawa na Agege, Mile 12, Idi-Araba da Alaba Rago, da shugabannin ƙungiyoyin 'yan kasuwa: a san yaran da ke sauka daga tirela kullum, a rubuta sunansu da garinsu, a haɗa kowanne da babba daga yankinsu. Adashin da muke yi don kai gawa gida, a ware wani abu daga ciki don kai mai rai asibiti. A samu matasanmu masu karatu su riƙa raka marasa lafiya suna tafinta, don ba komai yaro zai faɗa a gaban kawunsa ba. Limamai su ambaci ciwon damuwa a huɗuba da sunansa. A Janairun 2023 Shugaba Muhammadu Buhari ya sa hannu a sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa, wadda ta maye gurbin ta 1958, amma a majalisarmu ban sami mutum ɗaya da ya taɓa jin labarinta ba.

Ku kuma iyaye a gida, idan yaro ya kira, kada tambayar farko ta zama yaushe za ka turo. Ku tambaye shi ina yake kwana. Ku gaya masa da bakinku cewa in abin ya ƙi, ƙofa a buɗe take, ko da jaka babu komai. Yayata ta faɗa wa ɗanta haka bayan na kira ta na warware mata zance, ya yi kuka a waya har sai da na karɓa.

Yanzu yana taya ni yankan burodi da safe, yana shan maganinsa, ranar ganin likita tare muke zuwa. Bashin babur da saura, an ɗaga bikin sai bayan girbi. Yaran allonsa sun kai 14.

Naka,
Wani mai shayi, Agege, Legas.