Kafin ka sa hannu a takardar gidan nan

Ɗana,

Bayan gaisuwa da fatan kuna lafiya, kai da maiɗakinka da yaran. Mu ma alhamdu lillahi, in ban da gwiwar Ummanka da ta sake tashi.

Ba daga bakinka na ji ba, kuma wannan ya sosa mini rai. Yayarka ce ta yi suɓul da baka ranar da ta zo, ta ce ka samu gida, banki zai biya, kai kuma ka riƙa biyansu wata-wata har shekara 30. Da ta ga fuskata ta canza sai ta shiga kame-kame, wai ai abin da za ka riƙa bayarwa a wata bai fi kuɗin hayar da kake biya yanzu da wani abin kirki ba. Na san wannan ba maganarta ba ce. Taka ce, kai ma kuma a bakin ma'aikacin banki ka tsince ta. Na gane ta ne don ni ma an taɓa gaya mini ita, kusan kalma da kalma, kana goye a lokacin.

Na san abin da ya sa ka ɓoye mini. Kana ganin da an ambaci bashin gida zan ɗaga murya, in tayar da tsohon zance. Shi ya sa na zaɓi in rubuto. A waya sai mu yi ta katse juna, ka ce "to Baba" ka ajiye, ba tare da ka ji komai ba.

Kwana uku ke nan ina zaune da biro da takarda, ƙanenka yana taya ni da na'urar lissafin wayarsa. Tunda ba ka gaya mini nawa za ka karɓa ba, na ɗauki 100,000 don misali. Ko wane irin kuɗi ne lissafin ɗaya ne, sai ka ninka shi ya kai naka. A ce kuɗin ruwa kashi 6 cikin 100 ne a shekara, wa'adi shekara 30. Biyanka na wata zai kama kusan 600. Wannan 600 ɗin ita ce aka nuna maka, ita ce kuma ta kwantar maka da hankali. To buɗe cikinta ka gani. Kowane wata banki yana fara cire ruwansa ne a kan abin da ya rage a kanka, sai ragowar ta tafi ga uwar kuɗi. A watan farko 500 ruwa ne, 100 kacal ke rage bashin. Bayan shekara 5 ka zuba musu kusan 36,000, amma har yanzu suna bin ka 93,000. Bayan shekara 10 ka biya kusan 72,000, suna bin ka sama da 83,000. Sake karanta wannan layin. Ka cinye sulusin wa'adi, ka biya abin da ya haura kashi biyu cikin uku na abin da ka ranta, bashin kuwa ko kashi ɗaya cikin biyar bai ragu ba. Sai a shekara ta 19 ne abin da ke tafiya ga uwar kuɗi zai fara rinjayar abin da ruwa ke ci. Ranar da ka yi biyan ƙarshe, jimlar abin da ya fita daga aljihunka ta kusa 216,000. Kuɗin gida biyu za ka biya a ba ka ɗaya.

Kuma kashi 6 sassauci na yi maka. In kashi 10 ne, jimlar za ta kai wajen 316,000, gida uku ke nan. Inda ruwa ya kai kashi 20, ko a shekara 20 aka tsaya, sai ka biya fiye da 400,000. Na ji an ce kalmar da Turawa ke kiran wannan bashi da ita daga tsohon Faransanci ta fito, ma'anarta matacciyar jingina, don jinginar tana mutuwa ne ta hanya biyu: ko ka gama biya, ko a karɓe gidan. Su da suka raɗa masa suna ba su yi masa kwalliya ba.

Amma ba yawan kuɗin ne ya hana ni barci ba. Mutum yana iya sanin tsadar abu ya saya da idonsa biyu, ba wanda zai ce ya yi wauta. Shekaru goman farko su ne abin tsorona. A cikinsu ne kake zaune a gidan da kowa ke ce wa naka, kana fenti, kana dasa itace a tsakar gida, yara suna rubuta tsawonsu a jikin bango, alhali a takarda kusan duka na banki ne. In wani abu ya gifta a wannan tsakanin, ko aiki ya tsaya, ko ciwo ya kwantar da kai wata shida, ba ka da abin da za ka ja da baya ka tsaya a kai. Yawancin abin da ka biya ya tafi a ruwa. Ba ajiya ba ce da za a mayar maka.

Ka tuna shekarar da muka kwashe kaya. Kai abin da ka riƙe shi ne an canza maka makaranta ana tsakiyar zango, har yau kuma in zancen ya taso sai ka yi shiru. Mun ce muku gidan ya yi mana nisa da wurin aikina. Ba nisa ba ne. Shekara 8 ina biya ban taɓa saɓa wata ɗaya ba, ina lissafi a raina cewa na kusa rabi. Da aikin nan ya tsaya na je in roƙi a ɗaga mini ƙafa, sai wani yaro da bai fi ka yanzu ba ya juyo mini da takarda ya nuna mini lamba da bakin biro. Ko rubu'i ban cire ba. Na ce a sake dubawa, kuskure ne. Ya sake dubawa, cikin ladabi kuwa, ya ce ba kuskure, haka yake a jadawalin da na sa wa hannu. Gaskiyarsa. Jadawalin yana cikin takardun, shafi na nawa ne ma, ban taɓa buɗe shi ba. Sauran ka sani, ko ka san rabinsa. Ummanka ta san inda sarƙarta ta tafi, ba ta kuma taɓa yi mini gori ba, wanda da ta yi da ya fi mini sauƙi.

Kun daɗe kuna ganin tsoro ne ya zaunar da ni a haya duk shekarun da suka biyo baya, kawunku ma ya sha faɗa a gabanku. Ku ce tsoro ne, ban musa ba. Amma a cikin hayar nan na biya karatunku ku biyar, ba wanda aka taɓa korowa gida don kuɗin makaranta, ba kuma wanda ya sake buga mana ƙofa da takardar kotu. Ban ce na yi daidai a komai ba. Na dai san abin da na zaɓa, da abin da na biya a kansa.

Yanzu tambayar da nake so ka amsa mini, ba kwana-kwana: ruwan da suka yanka maka a tsaye yake har ƙarshen wa'adi, ko na shekara biyu ko biyar ne daga nan ya bi kasuwa? Yayarka ta ce ta ji kana cewa "na farkon mai sauƙi ne". Wannan "na farkon" ita ta tsaya mini a wuya. A misalinmu, in bayan shekara 2 ruwa ya tashi daga kashi 6 zuwa 9, biyan wata zai tashi daga 600 zuwa kusan 800. Albashinka zai ƙaru da sulusi a wannan watan? Kada ka ce ba ya faruwa. A Ingila, inda yawancin masu bashin gida ke ɗaure ruwa na shekara 2 ko 5 kawai, babban bankin ƙasar ya ɗaga nasa daga kashi 0.1 a ƙarshen 2021 zuwa 5.25 a watan Agustan 2023, duk wanda wa'adinsa ya cika a tsakanin ya ji a jikinsa. Rikicin da ya girgiza duniya a 2008 daga bashin gidaje ya taso a Amurka, mutane da yawa an jawo su da ruwa mai sauƙi na shekarun farko, da ya juya miliyoyi suka rasa gidajensu. In kuma kana cewa ai in ta ɓaci sai ka sayar, to a Ayalan farashin gidaje ya faɗi da kusan rabi tsakanin 2007 da 2013. Mutum ya sayar da gida, kuɗin bai kai bashin ba, ya fita ba gida kuma ana bin sa ciko. Waɗannan ƙasashe ne masu arziki da dokoki, ba su tsira ba.

Abin da ya fi ɓata mini rai kuma, an ce gidan da kuka fara gani ƙarami ne, daidai ku, ka bar shi ka koma kan babba saboda banki ya ce ka cancanci fiye da haka. Ka cancanta! Kai da ka yi karatun da ban yi ba, mai ba da bashi ne zai gaya maka iyakar ƙarfinka? Shi yana auna abin da zai iya karɓa a hannunka ne kafin ka durƙushe. Bai san kana ɗauke da karatun ƙanwarka ba, bai san bashin motar nan bai ƙare ba, ko ya sani bai dame shi ba. Kuma kada ka fake da maiɗakinka, na san yarinyar nan, ba ita ce mai son a gani ba. Kai ne tun kana ƙarami ba ka son abokinka ya riga ka. Shekararka 34. Ranar da za ka gama biya kana da 64, jaririn da ke hannunku ya kai shekarun da kake yanzu saura kaɗan. Tsalle ɗaya ake yi a faɗa rijiya.

Na yi zafi, ka yi haƙuri. Na ajiye biron na sha ruwa na dawo.

Ba cewa nake kada ka mallaki gida ba. Wane uba ne ba ya son ya ga ɗansa a ƙarƙashin rufinsa? Na kuma yarda da abin da za ka ce, don na san za ka ce: haya ma kuɗi ne da ba ya dawowa, tana kuma tashi, sannan in ruwa a tsaye yake hauhawar farashi tana taimakon mai bashi, 600 ta shekara 20 nan gaba ba za ta yi nauyin ta yau ba. Duk gaskiya ne, muddin albashinka yana tashi tare da farashi, muddin kuma ka kai can. Sai dai in za ka gwada da haya, gwada da gaskiya. Ɗora kafin alƙalami, da la'adar dillali, da kuɗin lauya da rajistar takardu, da inshora, da harajin gida. Rufi in ya yi yoyo yanzu mai gida kake kira. Daga ranar da ka sa hannu kai ne mai gidan da ake kira, ko da banki ne mai shi.

Maganar riba ba zan tsawaita ba, ka san matsayina, kai ma ba yaro ba ne, tsakaninka da Ubangijinka. In ta hanyar bankin da ba ya karɓar ruwa za ka bi, ko murabaha ce, wato banki ya sayi gidan ya sayar maka da riba, ko ijara, wato ya ba ka hayarsa har ya zama naka, ko haɗin gwiwar da kake sayen kason banki kaɗan-kaɗan, hankalina zai fi kwanciya. Amma can ma ka tambayi jimla. Canza suna ba ya hana lissafi.

Ga abin da ya ba ni mamaki da muka yi ta danna na'urar nan. A kan wannan 100,000 ɗin, in ka mayar da wa'adi shekara 15, biyan wata zai koma 844, amma ruwan gaba ɗaya bai kai 52,000 ba, maimakon kusan 116,000. In 844 ta yi maka nauyi, bar shi a shekara 30 ka riƙa ƙara 100 a kan 600 kowane wata, ka tabbatar a kan uwar kuɗi ake sa ta. Za ka gama a shekara 21, ka tsira da kusan 40,000. Har sau biyu na sa ƙanenka ya sake, don ban yarda ba. Da wani ya zaunar da ni ya nuna mini wannan a lokacina, da wataƙila ba a canza maka makaranta ba. Amma ka fara tambaya ko suna cin tara in mutum ya biya kafin lokaci, don wasu suna yi. Kada kuma ka zuba duk ajiyarka a kafin alƙalami. Ka bar abin da zai riƙe biyan wata shida ko da ba albashi. In bayan ka ware wannan babban gidan ya gagara, to dama can ya gagara, ka koma ka duba ko ƙaramin yana nan.

Abu ɗaya nake roƙo. Ka ce su ba ka jadawalin biyan gaba ɗaya, wata 360 ɗin, wanda ya raba ruwa da uwar kuɗi layi-layi, tare da shafin da ya faɗi abin da zai faru in ka saɓa biya wata uku. Ku zauna da maiɗakinka ku karanta tare, don ita ma a ciki za ta kwana. Sannan ka turo mini. Ba zan ce komai ba sai na karanta, na yi alkawari, in kuma bayan ka gani da idonka ka ce za ka iya, ni zan fara zuwa in sa maka albarka a gidan.

Ummanka ba ta san na rubuto ba, kada ka gaya mata zancen sarƙar ya fito daga bakina. Kada kuma ka yi wa yayarka faɗa. Ka gaishe da maiɗakinka, ka shafa mini kan yaran. Ka kira ni ranar Juma'a da daddare in ka samu takardar.

Allah ya yi maka albarka.

Babanka