A rubuta mana tarihin kansilolinmu

Ranka ya daɗe Edita,

Tela ne ni, a mazaɓa ɗaya cikin 484 da Jihar Kano ke da su. Na jefa ƙuri'ar kansila a 1987, zamanin Babangida, ba jam'iyya. Wanda muka zaɓa, kullum da la'asar yana kan benci a ƙofar shagona, muna kai masa kukan kwata da famfo. A 1990 aka yi zaɓen da jam'iyyun SDP da NRC, daga baya kuma wani lokaci zaɓe, wani lokaci kantomomin riƙo, har Kotun Ƙoli ta haramta su a Yulin 2024.

Shekaranjiya na tambayi jikana sunan kansilanmu na yanzu, ya yi zuru. Wallahi ni ma sai da na yi tunani! Ku turo wakilinku ya zauna da dattawan unguwa tun muna raye, mu lissafo masa su ɗaya bayan ɗaya.

Naku,
Wani tsohon tela, Kano