A Yi Wa Shatta Wale Adalci a Shafin Nishaɗi

Ya Edita,

Bayan gaisuwa da fatan alheri, ina roƙon ka ba ni fili in yi tsokaci game da yadda jaridunmu na Hausa suke kawo labarin mawaƙin nan na ƙasar Ghana, Charles Nii Armah Mensah, wanda aka fi sani da Shatta Wale. Kusan duk lokacin da sunansa ya fito, labarin rikici ne, musamman hatsaniyar da ta ɓarke tsakaninsa da takwaransa mawaƙi Stonebwoy a bikin ba da lambobin yabo na mawaƙan Ghana a shekarar 2019, wadda ta sa aka dakatar da su duka biyun daga shiga gasar. Ba na kare abin da ya faru a daren, domin ya zubar da mutuncin sana'ar, amma wanda bai san komai game da mutumin ba sai wannan, an tauye masa labari.

Ya fara tashe ne a shekarar 2004 da sunan Bandana, daga nan tauraruwarsa ta dusashe har kusan shekara goma, jama'a suka ɗauka ya bar waƙa. A shekarar 2013 ya dawo da sabon suna, waƙarsa "Dancehall King" ta game gari, kuma a 2014 aka zaɓe shi gwarzon mawaƙin shekara a Ghana. Salon dancehall daga ƙasar Jamaika ya samo asali, amma shi ya gauraya shi da harshen Ga da Turancin kan titi na birnin Accra, har talaka ya ji cewa da shi ake magana.

Mu mazauna unguwar Nima da ke Accra shaidu ne a kan haka. A wancan lokaci, idan ka tsaya wajen mai koko da ƙosai da sassafe, za ka ji waƙar tana tashi daga shagon mai aski, yaron mota kuma yana rera amshinta yana kiran fasinja. Matasan zango da dama da suka yanke ƙauna ga samun aikin ofis sun ga misalin mutumin da aka manta da shi, ya koma ya koyi haɗa kiɗansa da kansa, ya sake fitowa ba tare da ya jira wani babban kamfani ya ɗaga shi ba. Wannan hanya ce ta kai shi ga yin waƙar "Already" tare da Beyoncé ta Amurka a 2019.

Saboda haka ina roƙon wannan jarida mai farin jini ta tura wakilinta unguwannin Nima da Ashaiman da zangon Kumasi, ya zanta da matasan da suke haɗa kiɗa a ƙananan ɗakuna, domin masu karatu a Kano da Maraɗi su san yadda 'yan'uwansu Hausawan Ghana suke cikin wannan harka.

Naka mai karatu,
daga Nima, Accra.