A sauke mota daga kwalta kafin a yi ciniki

Edita,

Assalamu alaikum. Ka ba ni fili in yi magana kan cinikin bakin titi a Kwanar Gafan da Wudil da Shuwarin, inda yaranmu ke bin motoci a guje da farantin rake ko dabino ko dafaffen ƙwai, tirela na wucewa dab da su.

A Amurka ma ana sayar wa mutum abu yana zaune a motarsa. Gidan abincin In-N-Out ya fara yin haka a Kalifoniya a 1948, direba ya yi oda ta lasifika. Gidan abincin McDonald's ya buɗe tagarsa ta farko ta miƙa wa direba abinci a 1975 a Sierra Vista, jihar Arizona, domin an hana sojojin barikin da ke kusa sauka daga mota da kakin aiki a cikin gari. Bankuna suka sa bututu: ka saka takardarka a gwangwani, iska ta kai wa ma'aikaci. A Las Vegas har aure ake ɗaurawa ta taga, a Saginaw ta jihar Michigan kuwa an yi gidan shirya gawa da ake yaye labule na minti 3 a ga mamaci daga mota. Waɗannan biyun ba namu ba ne, mu gaisuwar mutuwa sai an zauna kan tabarma.

Abin koyi shi ne can mota kan bar babban titi tukuna. Ana yanka mata hanya mai faɗin kamar mita 3 da rabi, mashiga daban, mafita daban. Direbanmu a hagu yake kamar nasu, don haka rumfa ta kasance a hagun mota, ya miƙa hannu ya karɓa. Kowace mota na cin kusan mita 6, layin mota shida ke nan mita 36. In aka gaza haka, wutsiyar layi ta koma kan kwalta, hatsarin da ake gudu ya dawo.

Abu biyu ke tsayar da layi: neman canji da yawan taya farashi. A ƙulla kaya tun da safe, kowane ƙulli da farashinsa rubuce da manyan lambobi a allo kafin a iso rumfa. Mai karɓar kuɗi daban, mai miƙa kaya daban. A kuma zuba tsakuwa a daddaɓe hanyar, a ja mata magudana, in ba haka ba ruwan Agusta zai mai da ita taɓo, direbobi su ƙi sauka.

Ina roƙon shugabannin ƙananan hukumomi da sarakunan kasuwa su ware irin wannan fili, ko a kasuwa ɗaya ce, kafin damina mai zuwa.

Daga mai karatu,
Garun Malam, Jihar Kano